Wannan Gwaji Ne, Habboba

Na karanta tarihin dauloli gwargwadon abin da malamin sakandare zai iya karantawa tsakanin duba jarrabawa da jiran mota, kuma na kai ga matsayar da ba na jin wani zai kawar da ni daga kanta. 'Yan Adam kashi biyu ne: masu gyara zama idan an nuna musu kyamara, da masu ce musu kada su gyara. Kashin farko su suka gina birane, suka goyi 'ya'ya, suka yi wa tufafi guga. Kashi na biyu su ke karɓar lambar yabo.

Mahaifiyarmu tana cikin kashin farko. Jikanta, ɗan ƙanwata, shi ne limamin kashi na biyu daga unguwar Kalakla a Hartum har zuwa unguwarmu ta Alsawra a Umdurman.

An tura shi jami'a a Hartum ya koyi aikin injiniya. Ya dawo da kyamara da gashin da bai san mataji ba, da wani ƙyalle a wuya wanda bai taɓa cirewa ba ko a zafin da kwalta ke narkewa. Ya ce shi mai shirya fim ne, amma ba irin na waƙa da rawa da matan gida ke kallo ba. Nasa fim na gaskiya ne, ba 'yan wasa, ba ƙirƙira, kuma a kan rayuwarsa yake yi. Ya ƙara da cewa shi mai zaman kansa ne. Da na bincika sai na gane ma'anar ita ce babu kamfanin da ya ɗauke shi aiki. Abincin rana dai a gidan uwarsa a Kalakla yake ci.

Fim ɗinsa na farko a kan tafiyar motar haya ne daga Kalakla zuwa Umdurman. Ya ɗora kyamara a cinya, ta kalli ƙasa, muka yi ta kallon takalmansa da ɓawon gyaɗa yayin da muryarsa ke tambayar ko mutum yana isa inda ya nufa. An nuna shi a saman wani bene a Hartum, inda samari da 'yan mata da wasu Turawa suka zauna a tabarma don nuna tawali'u. Ni da na yi shekaru ina bin wannan hanya na san amsar tambayar: ana isa, idan gada ba ta cushe ba. Amma ba a tambaye ni ba, an yi tafi.

Na biyu a Aljirif ya yi shi, wurin masu buga bulo a bakin kogi. Ya yi makonni yana zuwa, suna ba shi shayi, suna matsa masa a inuwa. Da fim ya fito sai ga su can nesa cikin hayaƙi kamar aljanu, shi kuwa a kusa, yana bayanin yadda ganin wahalarsu ya tuna masa kaɗaicinsa. Wannan ma an yi tafi, har aka gayyace shi wani taron koyar da masu fim a ƙasar waje.

A can ne wata malama ta tambaye shi asalinsa. Da ya ce kakarsa Bahaushiya ce da ta zo Sudan a ƙafa, sai matar ta riƙe ƙirji ta ce ai yana zaune a kan taska. Yaron da tun yana rarrafe ake yi masa Hausa yana mayar da Larabci, wanda idan abokansa suka zo gida yake roƙon uwarsa ta rage murya, ya sauka a filin jirgi yana cewa “sannunku” da ƙarfi har da jan wasali.

Dole in faɗi abin da ke cikin taskar, don shi ne dukan maganar.

Mahaifiyarmu, wadda kowa a unguwa ke kira Habboba kamar yadda ake kiran kaka a nan, ta baro ƙasar Hausa tana yarinya ƙarama, a bayan jaki, tare da mahaifinta da ya nufi Makka. Kamar dubban irinsu, sun tsaya neman guzuri a gonakin auduga, suka matso Umdurman, guzuri bai cika ba, kwanan mahaifin ya cika. Kafin ya rasu ya sa ta haddace hanya kamar karatun allo: sunan garinsu, da unguwa, da gidan, da sunayen 'yan'uwansa, da kowane zango da suka yada tun daga ƙofar gari har bakin Nilu. Dabararsa ita ce idan ya mutu a hanya, yarinyar ta iya karanta wa wani ayari a mayar da ita. Ba a mayar da ita ba. Ta girma, ta auri mahaifinmu, mai sayar da agashe, wato tsiren Sudan, wanda daga baya ya koma sayar da yadi.

Mahaifinmu ya sha wuya kafin ya sami takardar zama ɗan ƙasa. An tambaye shi kakan kakansa, an sa shi ya maimaita kalmomi don a ji harshensa. Ranar da ya samu, ya dawo gida ya kafa doka: mu 'yan Umdurman ne, tun kafin a gina gada, kuma kada ya ƙara jin sunan wani gari a gidansa. Habboba ta bi. Mun tashi mun san daga yamma muke, mun san akwai wata tsamiya da marina da kogin da ke ƙafewa da rani. Wannan kuwa siffar rabin garuruwan ƙasar Hausa ce.

Bayan rasuwarsa ƙanwata ta yi ta lallaɓa ta. Habboba ta ce irin wannan magana ba a yinta ana tsintar wake. Saƙo ne, ba hira ba. Ana faɗinsa ne sau ɗaya, a zaune, cikin tufafi masu kyau, a gaban shaidu, kuma a kunnen wanda zai kai shi gida. Mu kuwa, in ji ta, ko garin Kosti da ke nan kudu da mu ba mu cika zuwa ba.

Sai ga jika da kyamara.

“Amarya,” ya ce, don tsakaninsu akwai wasan jika da kaka, “fim zan yi a kanki. Duniya duka za ta gani.”

“Duniya ina ruwana da ita, maigida? Can gida za su gani?”

“Har Nijeriya, Habboba. Har a waya.”

Ta ci gaba da juya gahawa a kasko. Ni ina zaune a kan gadon igiya ina jinsu, na ga lokacin da ta yanke shawara. Ta sami ɗan aike. Ta ce to, a sa rana. A yi wa bangon tsakar gida fenti, a yi mata lalle, a kira limamin unguwa da maƙwabta biyu tsofaffi. Ƙanwata ta shiga kasuwar Umdurman ta sayo mata farin tob, wato lafayar matan Sudan, mai aikin zare a baki, Habboba ta turara shi, ta naɗe, ta sa a ƙasan akwati.

“Za a sa rana,” in ji darakta. “Amma kafin nan sai an yi gwaji. Yau gwaji ne kawai, Habboba, ki ci gaba da abin da kike yi.”

Haka aka shiga gwaji. Aka yi shi da sanyi, aka yi shi da zafi, aka yi shi har azumi ya zo ya wuce. Yakan zo da safe daga Kalakla ya kafa kyamara a gindin rumfa. Ita kuwa, da yake ba ta shirya ba, tana cikin tsohon tob na aikin gida, da ta ga ya nufo ta sai ta juya baya ko ta ja gefen mayafi ta rufe rabin fuska. Wannan ya faranta masa rai ƙwarai. Wata rana ya jawo ni gefe, idonsa har da ƙwalla.

“Kawu, ka ga yadda take ɓoye fuska? Tarihin mutanenmu ke nan gaba ɗaya. Al'ummar da aka koya wa ɓuya.”

“Ba ta sa haƙoranta ba ne,” na ce. “Suna cikin kofi a ɗaki.”

Ya dube ni irin duban da ake yi wa wanda ya yi tari a tsakiyar huɗuba. Ya ce matsalar tsararmu ita ce muna ganin abu, ba ma ganin ma'anarsa. Na yi shekara da shekaru ina koyar da balaga, ina fitar da ma'ana daga baitocin da masu su ma ba su san da ita ba, amma ban taɓa kaiwa ga fitar da tarihin al'umma daga kofin haƙora ba. Na sallama masa.

Habboba ta fara ƙosawa.

“Kai maigida, wai yaushe ne ɗaurin auren nan? Kullum gwaji, kullum gwaji. Ko ango ya tsorata ne?”

“Haske bai yi ba tukuna, amarya.”

“Haske? A Umdurman? Fita waje ka tsaya, ka dawo ka gaya mini abin da ya rage.”

“Ba irin wannan hasken ba.”

“To ka yi sauri. Amaryar taka ba yarinya ba ce, kada ka zo ka tarar an riga ka.”

Ya yi dariya, ya ce maganar ta yi kyau, ko za ta maimaita don bai kunna sauti ba.

Da ta ga abin ba shi da ƙarshe, sai ta sa ranar da kanta. Ta zaɓi wata Juma'a bayan an sauko daga masallaci. Aka shafe bangon da shuɗin fenti, aka aro kujerun roba, aka yayyafa wa tsakar gida ruwa. Ƙanwata ta dama kunun gero na godogodo, aka aiko da agashe daga wurin wani tsohon yaron mahaifinmu. Liman ya zo, tsofaffin maƙwabta suka zo da carbinsu. Habboba ta fito. Ban taɓa ganinta haka ba, ko a bikin 'ya'yanta. Farin tob, lalle har wuyan hannu, kwalli, haƙora a mazauninsu. Ta zauna a tsakiyar gado, ta miƙe baya, ta ɗora hannuwa a gwiwa, fuskarta a buɗe tana kallon ƙofa.

Darakta ya shigo da kayansa a kafaɗa, ya tsaya cak. Ba ita ya kalla ba.

“Wa ya taɓa bangon?”

“Fenti aka yi,” in ji uwarsa. “Ba ka ga ya yi kyau ba?”

“Kun kashe shi! Yumma,” ya ce wa uwarsa, “bangon nan yana da tsaga, yana da tabon ruwa, yana magana. Wata nawa ina ɗaukarsa! Yanzu ya zama bangon asibiti.”

Liman ya yi gyaran murya, ya ce shi dai a saninsa bango ba ya magana, amma ga baiwar Allah nan tana son yi.

Yaron ya durƙusa a gaban kakarsa, don ba marar ladabi ba ne, wannan zan shaida masa. Ya yi mata bayani a hankali, rabi da Hausa rabi da Larabci, cewa idan ta yi ado ta zauna haka, abin ya zama shiri, shiri kuwa ƙarya ne. Shi yana son ta yadda take.

“Yadda nake?” ta ce. “Haka nake. Waccan da kake ta ɗauka mai wanke-wanke ce. Ita za ka nuna wa dangin ubana? Su ce ɗan'uwansu ya tafi da 'ya, ta ƙare a bakin murhu ba haƙori?”

Ya ce zai yi tunani. Ya ce ko ma ba haka ba, rana ta yi tsaye da yawa, farin tob zai ƙone hoton. A bari sai wani makon, da yamma. Ya ci agashe, ya yaba, ya tafi.

Na ce mata, “Inna, ga shaidu sun taru. Ki faɗa, ni in ɗauka da wayata.”

Ta kalli wayar, ta kalle ni.

“Wadda kake kiran mai gas da ita? Sunan ubana da na kakannina? Ajiye abinka. Yaron ya ce wani mako.”

Ta shiga ɗaki, ta cire tob ɗin, ta naɗe shi yadda yake, ta mayar ƙasan akwati.

Wani makon bai zo ba, saboda a wajen darakta an riga an gama fim. Abin da ake kira gwaji shi ne ɗaukar. Dabara ce da ya koyo a taron nan: ka ce wa mutum ba a fara ba, don ya saki jiki. Ya kulle kansa a ɗaki a Kalakla yana yanka yana haɗawa, daga nan ya tafi bikin nuna finafinai a wata ƙasa mai sanyi, inda a ƙarshe ƙyallen wuyansa ya sami aiki. Yana can ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kama Habboba, ya ɗauke mata harshe. Ta yi kwanaki tana kallonmu, leɓenta na motsi, ba abin da ke fita. Ranar da aka kai ta, farin tob ɗin aka lulluɓa a kan makara.

Fim ɗin ya ci lambar yabo. Ya turo mana hirar da aka yi da shi, inda ya ce kakarsa ta zaɓi shiru, kuma shi ya girmama shirunta. Ya ce akwai abin da kyamara ba ta da haƙƙin tambaya. Mai tambayar ta ce wannan ya taɓa zuciyarta. A lokacin ƙanwata ta ƙi kallon fim ɗin, ni kuma na kalli farkonsa, na ga fuskarsa a madubin ɗakin Habboba yana kallon yadda yake kallon kansa, na tuna ina da wanki.

Sai yaƙi ya zo. Ba zan ba da labarinsa a nan ba, duk wanda ya zauna a Hartum yana da nasa. Masu bindiga sun shiga gidan ƙanwata a Kalakla sun kwashe komai har da ƙofofi, ciki har da 'yan akwatunan ƙarfen da darakta ke tara dukan abin da ya taɓa ɗauka. Gidanmu na Alsawra wani abu ya faɗo masa daga sama bayan mun fita, ɗakin Habboba ya ƙone da akwatinta da 'yan hotunan da muke da su. Wayata ta tafi a wani shingen hanya. Muka ƙare a garin Gadarif, can gabas, ni da ƙanwata, a ɗaki ɗaya a gidan surukan wata 'yarta.

A can muka ga mutanenmu suna ta shirin tafiya yamma. Wanda kakansa ya bar masa sunan gari da na gida sai ya bi, wasu har sun aiko da labari cewa an karɓe su, an nuna musu kangon kakansu. Ƙanwata ta zauna tana lissafa abin da muke da shi: tsamiya, marina, kogin da ke ƙafewa. Ta ari waya ta kira ɗanta, wanda yaƙin ya tarar a waje ya kuma bar shi a can.

“Duk watannin nan da ka yi kana gwaji, ba ta taɓa faɗa ba? Ko sau ɗaya?”

Sai ya ce akwai wata safiya da tana suyar gahawa, tana ta karanta wani abu ƙasa-ƙasa, kamar mai bitar hadda. Sunaye ne, yana jin, a jere. Ya ce wurin ya yi kyau sosai, ya sa shi a fim.

Ashe ita ma gwaji take yi.

Ya turo fim ɗin. Muka zauna a bakin katifa, muka sa wayar a tsakaninmu. Ga rumfar, ga tsohon bangon da tsagarsa kafin fenti. Ga Habboba ta ba mu baya, an ɗan ga gefen kumatunta, hannunta na juya gahawa a kasko, mayafin da ke bakinta yana motsi daidai da numfashin mai karatu. Ana jin ɗan gunjin muryarta can ƙasa, kamar daga maƙwabta. A samanta kuwa an ɗora kiɗan garaya irin ta Larabawa, a saman kiɗan kuma muryar darakta, a nutse, cikin Larabci mai kyau wanda ni na gyara masa nahawunsa tun yana aji uku, yana tambaya: ni wane ne, daga ina na fito, wa zai gaya mini?

Ƙanwata ta mayar baya. Ta manna wayar a kunne ta rufe ido. Ta sake mayarwa. Ta ba ni, ni ma na gwada. Kowane karo, daidai inda muryar tsohuwar ke ɗan tasowa, sai jikanta ya tambayi wa zai gaya masa.

Na kira shi da kaina.

“Ba za a iya cire muryarka a bar tata ba?”

“An riga an haɗe su, Kawu. Sautin asali yana cikin akwatunan Kalakla.”

“Kai da ka zauna kusa da ita, ba ka riƙe ko suna ɗaya ba?”

“Ina kula da haske ne a lokacin.” Ya yi ajiyar zuciya mai tsawo, irin wadda ta saba samun tafi. “Amma Kawu, ka duba. Wannan rashin, shi ne ainihin abin da fim ɗin ke faɗa. Yanzu ma ya fi gaskiya.”

Ya ce yana shirin sabon fim a kan ɓatan akwatunan, da yadda abin ya shafe shi. Ya tambaya ko zan yarda ya ɗauki hirarmu ta waya, gwaji kawai. Na ce masa ban sa haƙorana ba.

Ba mu tafi yamma ba, don ba a shiga mota a ce wa direba a sauke mu a gindin tsamiya. Muna nan Gadarif. Ni ina koya wa 'ya'yan masu gida nahawu a madadin godiya, kuma ra'ayina game da kashi biyu na 'yan Adam bai canja ba, sai ma ƙarin hujja da ya samu. Na faɗa wa duk wanda ya zauna kusa da ni cewa fim ɗin nan aikin banza ne, kuma zan maimaita a gaban waɗanda suka ba shi lambar.

Babu wani hoton mahaifiyarmu da ya rage a duniya sai shi. Ƙanwata tana kallonsa kowace safiya bayan ta idar da salla, ta kashe sautin.